Masu Kiran Nikanor

A tsibirin Almadra ba a cika ganin masunci mai furfura ba. Tekun da ta kewaye shi, wadda ake ce wa Mahaukaciya, takan wuni kwance luf kamar mai a kasko, kafin ka ƙifta ido sama ta koma kore, ruwa ya miƙe tsaye, tsawa ta riƙa fitowa daga ƙasa. Lu'ulu'u kuwa yana can bayan wata mashigar ruwa da ake kira Ƙofar Hadari, inda jirgi goma kan nufa uku su dawo. Shi ya sa kowace safiya mata ke hawa Dutsen Kira, kowace ta ƙwala sunan nata sau uku, don teku ta san mutumin yana da mai shi. Muddin uwa na da rai ita ke kira, in ta mutu sai mata. Wadda ta yi shiru alhali mijinta na kan ruwa, ta faɗa wa gari ke nan ta yafe shi.

Nikanor yana da jirgi mai yoyo, da uwa mai suna Tomasa, da mata, Yulaliya, wadda ta fi ƙarfin arzikinsa. Shi bai taɓa lura da hakan ba. Gidajen attajirai kawai yake gani.

Da tsakar rana, da ruwa ya janye, ya tafi wurin Kandelariya, matsafiyar da ke zaune a cikin gawar wani jirgi da teku ta kifar. Ciki duhu ne da ƙarni. Muƙamuƙan manyan kifaye na reto a igiya, ga kwalabe jere, kowace a toshe da kakin zuma, kowace kuma tana nishi a hankali.

"Ɗan Tomasa," in ji ta, "warin talaucinka ya riga ka shigowa."

"Ba zagi na zo saye ba, tsohuwa. Hanya nake so ta Ƙofar Hadari. Faɗi kuɗinki."

"Kuɗi? Kai da facin wandonka ya fi yadin yawa?" Ta tofar da taba. "Saurara. Guguwar da aka ware maka ba na iya kashe ta. Juya ta kawai nake yi."

"To juya ta."

"Ba ka tambayi inda za ta nufa ba."

"Ta nufi gidan uban wanda ta ga dama."

Kandelariya ta yanka baƙin zakara a bakin wata kwalba. Ta aske masa gashin goshi ta cusa ciki, ta sa ya kurɓi ruwan teku ya faɗi sunansa cikin kwalbar sau uku. Da ta toshe, kwalbar ta amsa da muryarsa.

A tafiyar farko hadari ya taso kamar yadda ya saba. Jirage shida suka nitse hagu da dama, mutane na ihu, shi kuwa ruwa ya buɗe masa siririyar hanya, ko rigarsa ba ta jiƙe ba. Ya dawo da lu'ulu'u cike da ƙwarya biyu. Ya tarar ana wanke gawar uwarsa. An same ta a ɗakin girki da rogo a hannu, ƙasa a bushe ƙamas, bakinta cike da ruwan gishiri da yashi.

Nikanor ba wawa ba ne, kuma wannan shi ne babban laifinsa. Ya gane cewa muryar mai kiransa guguwar take bi. Sai ya yi kuka gwargwadon al'ada, ya sayi jirgi uku, ya gina bene da dutsen murjani, ya hana Yulaliya hawa dutse. Ya riƙa ɗaukar zawarawa matalauta suna kiransa a kan azurfa. Ta farko ta nitse a kan gadonta. Ta biyu a tsakiyar kasuwa, tana auna wake. Bayan ta uku, ko mai bara ba ta yarda sunansa ya bi ta bakinta.

Yulaliya ba ta san komai ba sai gorin da take sha a bakin rijiya.

"Sun ce na yafe ka," ta ce masa ranar da zai sake fita. "Wai na ci na ƙoshi, jira nake teku ta ba ni gado. Me na yi maka, Nika? Muryar tawa ce ba ta kai ta haya ba?"

"Ki yi min shiru. Ba ki da abinci ne, ko sutura?"

"Ina da miji, kuma ni ce mai kiransa."

Kalma goma sun isa ya faɗa mata gaskiya. Amma da ya faɗa, da ta hana shi tafiya, kuma lokacin lu'ulu'u ne. Sai ya kulle ta a ɗakin sama, ya jefa makulli a aljihu. Ya manta ɗakin yana da taga, tagar kuma teku take kallo.

Maƙwabta sun ji ta da safe, sau uku, da murya mai daɗi. Da ya dawo ya buɗe ƙofar, ruwa ne ya fara fitowa, ya gangara matakala da ƙananan kifaye a ciki.

Ya ruga wurin Kandelariya da wuƙa. Ko tashi ba ta yi ba.

"Kai ne ka ƙi tambaya. Yanzu ba ka da mai kira, guguwarka kuma ba ta da wurin zuwa. Tana jiranka."

Jiragensa suka farfashe a mashigi cikin mako guda, rana na haskawa. Har yau akwai wani guntun baƙin gajimare a tsaye saman benen, iska ba ta motsa shi. Nikanor ba ya shiga ruwa, ba ya shiga gida. Kowace safiya, bayan mata sun sauko, yakan hau Dutsen Kira cikin tsumma ya ƙwala sunan kansa har muryarsa ta dushe, yana roƙon a zo a ɗauke shi. Mahaukaciya ba ta amsa masa. Ba ta sauraron wanda ba shi da mai shi.

Duk mai kwaɗayin da ya ji an ce za a kawar masa da bala'i, ya tsaya ya tambayi kan wa za a sauke. Wanda kuma yake da mai kiran sunansa kyauta kowace safiya, ya riƙe ta da kyau. Ba a sayar da irinta, kuma ba ta dawowa.