Awar Gwanjo Ba Ta Manta Mai Ita

"Awa ɗari uku, sababbi dal, kafin ƙarshen wata! In ba zai iya ba, ya nemi wata!" Baba ya buga tebur har kwalaben da ke jere a kansa suka amsa.

Auta ta saki tsintsiya. "Haba Baba! Mai Faci fa? Taya nawa zai liƙe kafin ya sayi awa ɗari uku?"

"Ni dillalin lokaci ne, yarinya. Ba na ba da 'yata ga wanda ko minti bai ajiye ba."

A garin nan lokaci haja ce kamar gishiri, a kwalba ake sayar da shi, ka sha yininka ya ƙara tsawo. Sabuwar awa daga kamfani take zuwa, fara tas, ga tsadar tsiya. Talaka kuwa tasa yake kaiwa a tatse, a jera a layin gwanjo, shi kuma ya ga rana ta yi masa tsalle. Aibin awar gwanjo ɗaya ne: ba ta manta mai ita. Ka sha ta maigadi, sai gyangyaɗi. Ka sha ta tela, ƙafarka ta yi ta taka keken da babu shi.

Kullum ƙarfe biyar Mai Faci kan tsaya jikin falwayar ƙofar gidan ya yi fito sau biyu. Da Auta ta faɗa masa sharaɗin, dariya ya yi.

"Ɗari uku kacal? Ni da na taɓa yi wa tirela faci tana gudu? Kwantar da hankalinki, bebi!"

Daga ranar fito ya ɗauke. Sai saƙo a waya: "Sori, ina bizi."

Sati uku Auta na leƙen falwaya. Wace irin bizi ce ba ta tashi sai ƙarfe biyar? Ta juya tambayar nan har ta rame.

"Ina mai cika-bakin naki?" in ji Inna. "Ya ji ɗari uku ya ari na kare!"

"Zai zo, Inna," ta ce, hawaye na ɗiga a tire.

Ran nan Baba ya dawo da katon guda na kwalabe a ka, baki har kunne. "Na yi tsintuwa! Yammacin shekara cur wani wawa ya sayar, na kwashe a arha. Bari in ɗanɗana ɗaya in rage aiki."

"Malam, gwanjo ce fa," Inna ta ce.

"Shekara talatin ina sana'ar nan! Awar da za ta hau kaina ba a tatse ta ba!"

Ya kafa kai ya shanye. Auta na kallo. Can sai ya miƙe zumbur, ya goge hannu a wando kamar mai share baƙin mai, ya karkata hula, ya fesa turaren Inna, ya fice. Suka bi shi da gudu. Ga Baba da furfurarsa jingine da falwaya, ƙafa ɗaya a harɗe, ya tsuke baki, fiiit! fiiit!

"Na shiga uku! Malam, wa kake yi wa fito da tsufanka?"

Auta ta dafe ƙirji. "Inna, fiton Mai Faci ne! Awarsa ce!"

Awa guda cur Baba ya yi a nan, maƙwabta na leƙe, ya kasa ɗaga ƙafa. Da ta sake shi sai ya zauna daɓas a dakali, gumi sharkaf.

"Na sha awar alƙali, na sha ta ɗan dambe," ya ce a hankali, "ban taɓa shan mai nauyin wannan ba. Babu komai cikinta sai ke, Auta. Kai! Ku kira min yaron nan!"

Mai Faci ya zo da 'yar jaka, kai a ƙasa. Yammacinsa na shekara guda sababbin awanni arba'in kawai ya saya masa.

"Baba, saura ɗari biyu da sittin. Gobe zan kai safiyata..."

"Rufe min baki, wawa! Ka sayar da lokacin ganinta don ka same ta? In ka kai safiyar, wa za ta aura, falwaya?" Baba ya tura masa katon da ƙafa. "Kwashe kayanka. Ni na kafa sharaɗin banza, na janye. Babu guda ɗaya, na sha, kuma ta ishe ni!"

Auta ta rufe fuska, kuka da dariya a haɗe. Mai Faci ya rungume katon ya raɗa mata, "Ai da gangan na yi, na san shi zai saya."

"Ƙarya kake!"

Haƙurin Auta bai faɗi ƙasa banza ba. Iyaye, ku auna mai neman 'yarku da lokacin da yake ba ta, domin wanda aka tara a kwalba kowa ma yana iya saye. Baba kuwa har yau in biyar ta buga bakinsa kan tsuke da kansa, sai Inna ta harare shi.