Sallamar Kwana Uku

"Ni fa ba gaba nake da kowa ba, Sagir," Harira ta faɗa tana gyara mayafi. "Malam cewa ya yi kar a wuce kwana uku ba sallama. Ban taɓa wucewa ba."

Sagir, wanda saura wata biyu a ɗaura musu aure, ya zo wurinta zance. A ƙofar gidan yayanta suke a Malali, inda ta koma tun ranar da Gwaggo Delu, wadda ta raine ta, ta kyautar da keken ɗinkin marigayiya mamanta ba shawara. Wata huɗu ke nan. Duk kwana uku sai ta rubuta wa Gwaggo "Assalamu alaikum" a waya, shi ke nan.

"Kin manta Gwaggo ba ta karanta boko?"

Ba ta manta ba... shi ya sa ma ta zaɓi rubutu.

"Shagona take kawo wayar, da ƙafar nan tata mai ciwo. In na karanta sai ta ce, 'Sai me kuma ta ce?'"

"Me... me kake ce mata?"

"Ƙarawa nake. 'Ya ƙafa? Na yi kewar miyarki.' Ke kin fita haƙƙi, ni ina ta kwasar zunubi. Na gaji, masoyiyata. Gobe abin da kika rubuta kaɗai zan karanta mata."

Ji ta yi kamar ƙasa ta tsage ta shige.

Washegari da hantsi ta sauka a Kawo, unguwar su Gwaggo. Ta tarar da Gwaggo a tsakar gida tana tsince shinkafa, wayar na ɗaure a gefen zaninta. Harira ta durƙusa, hawaye na zuba.

"Gwaggo, saƙonnin nan ba ni ce..."

"Na sani, 'yar nan. Yaron bai iya ƙarya ba. Kallo ɗaya yake wa wayar, ya yi ta zuba kamar rediyo."

"To me ya sa kike komawa?"

"Ai sallamar dai daga hannunki ta fito." Ta ture farantin gefe. "Keken, na yi kuskure, ki yafe mini. Matso ki faɗa da bakinki, na gaji da muryar Sagir."

Harira ta matsa, ta kama ƙafar da ta kumbura da hannu biyu.

"Gwaggo... ya ƙafa?"