Famfon Tsohuwar Unguwa

A bakin shingen da ya raba garin gida biyu ya fara ganinta, tana layin masu tsallakowa aiki, riƙe da katin izini. Shi ne mai ɗaukar sauti a fim ɗin da ake shiryawa kan rayuwar mutanen ɓangarorin biyu. Ita kuwa tela ce. Da ya miƙa mata ƙaramin makirufo ta maƙala a mayafinta, sai ya kuɓuce masa ya faɗi ƙasa.

"Malam Mai Kunne, ni ake ɗauka, kai kake tsoro?" in ji ta.

Ba a daɗe ba saƙonni suka fara kai-komo.

"Tauraruwata, kin isa lafiya?"

"Na isa. Yau ma sun rufe ƙofar shingen da wuri. Ka ci abinci, Mai Kunnena."

Da maganar aure ta taso, mahaifinta ya ce atafau ba zai ba ɗan tsallaken shinge 'yarsa ba, ga ɗan ƙaninsa yana jira. Ba ta yi kuka ba. Garin ya koya wa mutanensa karɓar labari ba tare da motsi ba.

Ranar da aka ɗauki hirarta a gidansu, ta shiga wurin mahaifin da makirufon a jikinta, ta manta. Ƙa'idar aikin ita ce ya cire abin sauraro daga kunnensa nan take. Bai cire ba.

"Baba, me suka yi maka?"

"Ba su yi min komai ba. A can aka haife ni. Ba na son mai tuna min inda ba zan sake gani ba."

Mai ɗaukar sautin ya tambaye ta unguwar da aka haifi mahaifin nata, ya je ya naɗo sautinta: injin niƙa, masu talla, famfon bakin titi yana ɗiga. Ya kawo, ya durƙusa, ya miƙa wa tsohon abin sauraro.

Tsohon ya sa a kunne, ya saurara har ƙarshe.

"Har yanzu ba su gyara famfon nan ba?"

"Ba su gyara ba, Baba."

"Ka turo manyanka. In an bar su sun wuce."

Kawun ango kaɗai aka ba kati, shi ya karɓi auren. Daga wurin ɗaurin aure ango da amarya suka zo shinge, inda mahaifiyar ango ke tsaye a ɗaya ɓangaren. Ta zuro hannu ta cikin waya ta dafa kan amarya.

"Allah ya yi muku albarka, 'yata. Ya ba ku zuri'a mai albarka."

Mai gadi ya duba agogonsa, ya kawar da kai, ya bar su suka gama.