Shirun Kango

Ana dab da magariba, Mai Kyamara na ɗakin aikinsa da abin sauraro a kunne, sai dutse ya faɗo a kan kwanon rufi. Matarsa ta ɗauka yaran unguwa ne. Ta leƙa, titi fayau. Jifa kuwa bai tsaya ba sai da duhu ya sauka.

Mutumin nan ya daɗe yana fim ɗin rayuwar mutane, shi kaɗai, ba kamfani ba ubangida. Ba ya sa kiɗa, ba ya koya wa kowa abin faɗa, kuma taƙamarsa bai taɓa ɗaukar mutum ba sai da izini. In ya gama aiki a wuri, sai ya sa kowa ya yi tsit ya naɗi shirun wurin, har matarsa na masa tsiya wai ta auri mai tara iska. A fim ɗinsa na ƙarshe, kan gidajen da ambaliya ta kori masu su, ya naɗi shirun wani kango. Da ya saurara a gida, ya ji siririn kukan mace a ƙarƙashin shirun. Ya shimfiɗa shi a ƙarshen fim, 'yan kallo suka sha hawaye, shi ya sha yabo.

Washegarin jifan, autarsa ta wayi gari ba murya. Baki na motsi, sauti babu. Da rana ta faɗi, kukan cikin fim ya fito daga bakinta. Uban ya gane shi nan take.

Aka ɗauko malam. Ya daɗe yana karatu kafin yarinyar ta ɗago, ta kafe ubanta da ido, ta yi magana da muryar dattijuwa.

"Ɗana nake wa kuka, gini ya danne shi. Kowa ka nemi izininsa, ni ko sallama ba ka yi mini ba. Ka kai makokina kasuwa ana tafa maka."

Malam ya ce yarinya ba ta ci nanin ba, nanin ba za ta ci ta ba. Mai Kyamara ya goge fim ɗin a gabanta, aikin shekaru ya tafi. Dattijuwar ta ce kwafin da ke hannun mutane fa? Ruwa ya riga ya zube. Aka yi ta ja, ita kuwa ta ƙi sauka. Uban ya durƙusa ya ce ta ɗauki komai nasa, ta dai saki 'yarsa.

"Na karɓa," in ji ta. "Ba shiru kake so ba?"

Yarinyar ta yi atishawa ta sulale. Da ta farfaɗo, uwar ta rungume ta tana kuka, malam na shafa addu'a. Auta ta juyo ta miƙo masa hannu. Ya ga leɓenta sun ce Baba, amma bai ji komai ba.