Mamacin da Ke Noma a Duvu

An ce Mansir ya mutu, an kuma ce ana ganinsa da rana tsaka yana noma a Duvu.

"Ƙafarsa ba ta taɓa ƙasa!" in ji Goggo Dijatu, ta rage murya. "Inuwa ma ba shi da shi. Mai mashin ya gani da idonsa."

Na'imatu ta ajiye tiren shinkafar da take tsinta.

"Goggo, wane mai mashin?"

"Oho! Mai mashin dai."

Haka zancen unguwarsu Lokuwa yake, kullum wanda ya gani da idonsa ba shi da suna.

Mansir ɗan fim ne, in dai wanda bai taɓa buɗe baki a fim ba ana kiransa haka. A wata dirama ta talabijin an ga wucewarsa a kasuwa, rabin fuska. Sai fim ɗin da samarin Mubi suka fara, wanda bai fito ba, don kafin a gama 'yan bindiga suka shigo gari kowa ya yi ta kansa. Na'imatu na son sa tun yana rabin fuska. Babanta kuwa ya ce ɗan dirama ba miji ba ne.

Suna gudun hijira a Yola wani ɗan bidiyo ya fara yawo daga waya zuwa waya: Mansir kwance cikin gawarwaki, ƙirji jina-jina. Innarsa ta zauna makoki, aka yi sadakar arba'in. Na'imatu ta ƙi kallo, ta yi kuka har ta gaji. Da aka dawo gida a 2015, Lawali, mai haɗa hotunan fim ɗin nan da bai fito ba, ya yi ta zarya, har ta ce to. Juma'a mai zuwa za a sa rana.

"Goggo, ba ni wayarki. Yau zan kalla."

"Ke 'yar nan, kina neman mafarki?"

Ta kalla. Ta mayar baya ta sake kalla. Ba fuskar take dubawa ba, rigar.

Koriyar rigar yayanta ce. Ita ta sace ta ta ara wa Mansir ranar ɗaukar fim, ita ta dafa zoɓo ta dama da sitaci aka yi jini. Da ya dawo da ita ta wanke har hannunta ya yi ja, tabon ya ƙi fita.

Ta ruga ɗaki ta zazzage akwati. Ɓarayin lokacin gudu sun kwashe atamfofi, sun bar riga mai tabo.

"Zoɓo ne, Goggo! Wallahi zoɓo ne!"

"Innalillahi... yarinya ya haukace!"

Washegari ta hau a-daidaita-sahu zuwa bakin gari, ta hau mashin zuwa ƙauyen Duvu. Mai mashin ya tsaya nesa da gonar, ya ce ko taku ɗaya ba zai ƙara ba.

Ta shiga cikin dawa ita kaɗai. Ba tsuntsu, ba iska. Bukkokin gefen dutse a ƙone, har yanzu ba wanda ya dawo cikinsu. Sai sautin fartanya, kaf... kaf... kaf... Ya tsaya. Ita ma ta tsaya. Ya ci gaba.

Sai ga shi, ya juya mata baya. Ya rame. Ƙafafunsa sun nutse a ciyawa, inuwarsa ta maƙale ƙarƙashinsa, kamar ta kowane ɗan Adam da rana tsaka.

"Mansir..."

Bai juyo ba.

"Koma, Na'ima. Ke ma gudu za ki yi, kuma naki ne ba zan iya gani ba."

"Juyo ka dube ni, masoyina."

Ya juyo a hankali. Idanun nan ne, sai dai sun faɗa ciki.

"Ta Kamaru na bi," ya ce. "Da na dawo na yi sallama a ƙofar gidanmu, Inna ta zube sumammiya. Maƙwabta suka fito da duwatsu suna karatu. Na ce ni ne, suka ce sun gan ni a waya! Wani dattijo, Baba Zira, ne ya ba ni gonar nan, shi ba shi da waya."

"Ni fa? Me ya hana ka zo wurina?"

"An ce kin zama ta Lawali."

Ta kwance bakin mayafinta ta miƙa masa gyaɗa soyayya. An ce fatalwa ba ta cin gishiri, ita kuma tana son ta gani.

Ya watsa a baki, ya tauna, ya miƙo hannu.

"Ƙaro. Sadakar arba'in ɗina ko waina ban samu ba."

Dariya ta ƙwace mata, kuka ya biyo baya.

"Mugu! Mugu kawai! Tashi mu tafi, yau ƙafata ƙafarka."

Da la'asar suka shigo Lokuwa, tana gaba yana baya. Ƙofofi suka riƙa rufuwa ɗaya bayan ɗaya. A zaure suka tarar da babanta da Lawali.

Lawali bai yi salati ba, bai gudu ba. Kansa kawai ya sunkuyar.

Tsoho ya daɗe yana kallonsa.

"Kai ba ka ji tsoro ba, Lawali?"

Lawali ya kau da kai.

"Baba," in ji Na'imatu, "fim ɗin bai fito ba. A na'urar mutum ɗaya yake."

"Ina son ta ne, Baba..." Lawali ya fara.

"Tashi ka ba ni wuri." Tsoho ya juya ga Mansir, ya kama hannunsa ya matse, ya sake matsewa. "Kai kuma, diramar fa?"

"Na mutu sau ɗaya, Baba. Ya ishe ni."

Lawali ne ya yanko wurin daga fim ya tura wa mutane. Mansir bai mutu ba. An ɗaura aurensa da Na'imatu bayan girbi, kuma har suka bar Lokuwa, in an tsaya sallah ana barin giɓi a gefensa.