Da Ido Biyu Za Ka Kalle Ta

"Kada ka taɓa min ita!"

Na suri 'yata Lele daga ƙasa, jini na bin girarta. Mijina yana durƙushe a tsakiyar falo, kyamara a kafaɗarsa, jar fitilarta ba ta daina ƙiftawa ba.

"Haskena, wallahi ban ga teburin ba..."

"Ina za ka gan shi, ido ɗaya a rufe!"

A ranar ta fara tafiya. Ta nufo shi hannu a buɗe, ta yi tangal-tangal. Wani uban tare ta zai yi. Shi baya ya ja, don kada ta fita daga hoton. Ta faɗi, ta bugu da gefen teburin.

Daga asibiti gidanmu na wuce.

"Ban faɗa miki ba?" in ji Umma. "Mai ɗaukar fim, ko gobara ce sai ya fara duba inda haske ya fi kyau!"

Da ya zo biko, a ƙofar ɗaki na tare shi.

"A wurin aiki ko me ya faru ba na tsayawa sai darakta ya ce a yanke," ya ce. "Hannuna ne ya saba..."

"Falona ba wurin aikinka ba ne, Abban Lele! Jinin da ta zubar ba na kwalba ba ne!"

Ya miƙo min jakar kyamarar.

"Fasa ta."

"In fasa mu ci me?"

Na kunna ta don in goge abin da ya ɗauka. Ga Lele tana jaririya. Ga ta a baho. Ga ni ina gyangyaɗi da ita a ƙirji.

Shi kuwa babu shi ko a guda.

Haushi ya sake turnuƙe ni.

"In ta girma me zan nuna mata? Muryarka?"

Ya sunkuyar da kai.

"Daga yau a gidana ni ce darakta. Ɗauki 'yarka!"

Ya ɗauke ta, ya sumbaci gefen ɗinkin girarta, hawaye na sauka cikin gemunsa. Na saita kyamarar a karkace.

"Haskena... taga na bayanmu, fuska za ta yi duhu..."

"Ta yi! Ka riƙe ta da kyau, ban ce a yanke ba."