Ɓarawon da Ya Share Ɗaki

Sufeto Dawron Kobilov ya gaji da zanen nan tun kafin a sace shi. Zanen yana jikin kwalin shayi, yana cikin littafin firamare: mace ta sunkuya a gonar auduga ta ba mutane baya, ga ɗan tudu ƙarƙashin bishiya. Duk mai zuwa ƙauyen da gonar take sai ya sunkuya kamar ita a ɗauke shi hoto.

Saura kwana uku a yi bikin cikar zanen shekara hamsin, aka tarar da katakon da ke riƙe shi a gidan tarihi babu komai ciki.

"In babu zane babu biki," in ji daraktan gidan tarihin, yana share gumi. "Ga shi mun fara gina dandamalin ɗaukar hoto a kan tudun nan. Ka kama mai gadi kawai."

Sufeto ya duba ƙofa, ba a fasa ta ba. An jera ƙusoshin da aka cire a cikin kofin shayi, an kuma share ɗakin tas.

Ya juya wajen mai gadin. "Mamur, wa ya shigo jiya Juma'a?"

"Babu kowa, ranka ya daɗe. Na kulle na tafi masallaci."

"Kai ka yi shara?"

Sufeto ya ƙare wa mai gadin kallo. Rigarsa kaɗai ta isa shaida cewa shi da tsintsiya ba sa ga maciji.

"Wa kake bar wa makulli in za ka salla?"

Mamur ya sunkuyar da kai. "Goggo Oynisa. Amma ai ita ce a zanen."

Sufeto ya same ta a tsakar gida tana cire burodi daga tanderu. Ta haura saba'in.

"Goggo, jiya kin je gidan tarihi?"

"Ƙafata ba ta kai ni."

"To Mamur zai kwana a ofishinmu, daga nan sai kotu."

Ta ajiye burodin, ta shiga ɗaki, ta fito da zanen a naɗe cikin bargo.

"Ku ƙyale bawan Allah. Ni ce." Ta shimfiɗa shi, ta ɗora yatsa a kan tudun. "Kun ce auduga nake tsinka. Kuka nake yi. Ɗana ne a nan, watansa huɗu. Lokacin girbi ne, shugaban gandu ya ce babu mai barin gona, sai muka binne shi a gefe. Mai zanen bai tambaya ba, ni ma ban faɗa ba. Shekara hamsin ana hawa kansa ana murmushi, na haƙura. Siminti ne ba zan iya ba."

Tausayinta ya kama Sufeto, amma ƙara ta riga ta shiga takarda. Ya buɗe mata ƙofar mota, ta shiga.

Da suka zo gonar, leburori na kwaɓa siminti. Ya tsaya, ya ɗauko igiyar 'yan sanda, ya kewaye tudun da bishiyar.

"Kowa ya ja baya. Wurin bincike ne."

Darakta ya taho da gudu. "Har yaushe?"

"Yallaɓai, ka san aikinmu," in ji Sufeto. "Akwai fayil a teburina tun ban yi aure ba."